Ka kai ƙorafin malami, jami'a ta yi biris? Ga yadda ake shirya magana tun kafin ta kai gaban alƙali

Abu na farko da nake so ya zauna a kan duk ɗalibin da malami ko wani ma'aikacin jami'a ya zalunta, ko ya nemi kuɗi kafin ya ba da maki, ko ya takura wa ɗaliba da neman lalata, ko sufabaiza ya danne furojet ɗinka shekara guda saboda wata ƙullalliya da ke ransa, shi ne wannan: in ka ƙalubalanci yadda jami'a ta yi da ƙorafinka, galibi kotu ba za ta zauna ta sake binciken malamin daga farko ba. Abin da alƙali zai duba shi ne hanyar da jami'ar ta bi. Ta bi dokokin da ita da kanta ta rubuta? An ji ta bakin kowa? Waɗanda suka zauna a kwamiti suna da hannu a maganar? Hukuncin da aka yanke ya yi daidai da hujjar da ke gabansu, ko kuwa abu ne da mai hankali ba zai yanke ba? Toh duk waɗannan tambayoyin da takarda ake amsa su, shi ya sa aikinka na kotu yana farawa ne tun ranar da abin ya faru, ba ranar da ka ga lauya ba. Ina cewa "ka" ne don sauƙin rubutu amma 'yar'uwa har da ke nake, hasali ma a maganar cin zarafi ku abin ya fi shafa.

Sai kuma ka san inda kotu ba ta sa ƙafa. Ba ta makin jarrabawa. In ka ce amsarka ta cancanci 65 an ba ka 38, alƙali zai ce wannan hurumin malamai ne, kuma kusan ko'ina haka dokar take, a Ingila kotun ɗaukaka ƙara ta faɗi haka a shari'ar Clark da Jami'ar Lincolnshire da Humberside a shekarar 2000, ta ce ɗalibi zai iya ƙarar jami'a kan saɓa yarjejeniya amma auna ingancin aikin ilimi ba na alƙalai ba ne. Don haka yadda ka tsara ƙorafin yana da muhimmanci sosai. "Ya ba ni maki kaɗan" magana ce da za ta mutu a bakin ƙofa. "Ya nemi abu kaza a wurina ranar kaza, na ƙi, ya ce sai na gani, bayan sati uku sakamako ya fito na faɗi kwas ɗinsa kaɗai, na nemi a ba wani malami ya sake duba takardar kamar yadda ƙa'ida ta tanada aka hana", kaga wannan ta fita daga batun maki ta koma batun amfani da muƙami wajen zalunci da kuma ƙin bin ƙa'ida, kuma nan ne kotu ke da ta cewa.

Ranar da abin ya faru, kafin ka kwanta, ka rubuta. Kwanan wata, ƙarfe nawa, a wane ofis ko aji, me ya ce da kalmominsa yadda ka ji su, wa ke kusa, wa ya gan ka lokacin da ka fito. Ka tura wa kanka ta imel don lokacin ya zauna a jiki, ka kuma faɗa wa mutum ɗaya ko biyu da ka yarda da su a ranar, domin daga baya za su iya shaida cewa tun a lokacin ka faɗa, ba wai sai da ka faɗi jarrabawa ka ƙirƙiro ba, wanda wallahi shi ne abu na farko da za a jefe ka da shi. Saƙonnin WhatsApp ko tes, ka ɗauki sikirinshot yadda lamba da kwanan wata za su fito, amma dan Allah kar ka goge na asalin kuma kar ka sayar da wayar ko ka yi mata fomat, lauyan ɗaya ɓangaren zai ce hoton haɗawa aka yi, ita wayar ce za ta kare ka. Batun naɗar murya kuma yana da ƙarfi ƙwarai, a Najeriya muryar da wata ɗaliba ta naɗa a waya ce ta tona asirin wani farfesa na Jami'ar Obafemi Awolowo a 2018, jami'ar ta kore shi, hukumar yaƙi da cin hanci ta ICPC ta gurfanar da shi, a watan Disamba na shekarar Babbar Kotun Tarayya da ke Osogbo ta ɗaure shi shekara 2. Sai dai dokar naɗar mutum ba da saninsa ba ta bambanta daga ƙasa zuwa ƙasa, wasu wuraren ma laifi ne, ka bincika ta inda kake kafin ka danna.

Daga nan ka nemo kundin ƙa'idojin ɗalibai da takardar manufar jami'a kan ƙorafi ko cin zarafi, ka sauke kwafin da ke aiki a wannan shekarar ka ajiye, saboda ana canza su a shafin intanet ba tare da sanarwa ba. Ka karanta da biro a hannu. Wa aka ce a kai wa ƙorafi? Cikin kwana nawa? Su kuma cikin kwana nawa za su amsa? Su wa ke zama a kwamiti? Akwai damar ɗaukaka ƙara? Wannan kundin shi ne ma'aunin da alƙali zai ɗora jami'ar a kai, duk layin da suka tsallake hujja ce a hannunka.

Nan ga wurin da mutane da yawa ke yin asara ba su sani ba. Ɗaliba za ta je ta yi kuka a ofishin wata malama mai kirki, malamar ta rarrashe ta ta ce za ta yi magana, shikenan sai ɗalibar ta ɗauka ta kai ƙara. A idon doka mai yiwuwa ba ta kai komai ba. A Amurka akwai babi na 9 na gyaran dokar ilimi na 1972 da ya hana nuna bambancin jinsi a makarantun da ke karɓar kuɗin gwamnatin tarayya, kuma a shari'ar Gebser ta 1998 Kotun Ƙoli ta ce makaranta ba za ta biya diyya kan abin da malami ya yi wa ɗaliba ba sai in wani jami'i mai ikon ɗaukar mataki ya san da maganar a zahiri kuma da gangan ya yi ko oho. Yarinyar da ta kai wannan ƙarar ta yi rashin nasara duk da cewa ba a musa abin da malamin ya yi ba. Dokar ƙasarku ba lallai ta zama irin wannan ba, amma darasin yana tafiya ko'ina: ka kai wa wanda ƙa'ida ta ambata, shugaban sashe ne ko shugaban tsangaya ko rajistara ko wani ofishi na musamman, a rubuce, ka je da kwafi biyu a buga maka hatimi da sa hannu da kwanan wata a naka. In sun ƙi sa hannu, ka koma ka tura ta imel ɗin ofishin ka rubuta cewa yau ƙarfe kaza na kawo takarda aka ƙi karɓa. In wanda aka ce a kai wa shi ne wanda kake ƙara ko amininsa, ka haura sama ka rubuta dalilin haurawar.

Ita takardar kanta kar ta wuce shafi biyu in zai yiwu. Ba zagi, ba "kowa ya san halinsa", ba abin da ka ji a bakin wasu. Abin da ya same ka, bi da bi da kwanan wata, sai sashen ƙa'idar da kake ganin an karya, sai jerin hujjojin da ka haɗa, sai abin da kake nema a fili: a yi bincike, a canza maka sufabaiza, a ba wani ya duba takardunka, a hana shi tuntuɓarka har a gama. Ka rubuta ta kana tuna cewa wata rana wani alƙali da bai san ka ba bai san malamin ba zai iya karanta ta.

In an kafa kwamiti, tambayarka ta farko ita ce su waye a ciki, kuma ka nemi sunayen a rubuce. Ba a ba kura ajiyar nama. A shari'ar Garba da Jami'ar Maiduguri, wadda Kotun Ƙolin Najeriya ta yanke a 1986, an kori ɗalibai bayan tarzomar watan Fabrairu 1983, amma wanda ya shugabanci kwamitin binciken shi ne mataimakin shugaban jami'a wanda shi kansa ɓarnar ta shafa, kotu ta rushe korar saboda ba a yi musu adalcin sauraro ba. Can ɗalibai ake tuhuma, amma ƙa'idar ɗaya ce ko wa ke kan kujerar tuhuma: mai hannu a magana ba ya alƙalancinta. Kuma ka duba abin da ya faru a Jami'ar Jihar Mishigan a Amurka, a 2014 wata mata ta kai ƙorafin cin zarafi a kan likitan jami'ar, Larry Nassar, aka yi binciken cikin gida, ƙwararrun da aka tambaya ra'ayinsu mutane ne masu alaƙa da shi, aka wanke shi ya koma aiki ya ci gaba da ɓarna, sai a 2018 jami'ar ta amince ta biya dala miliyan 500 ga ɗaruruwan matan da ya cutar. Duk lokacin da na tuna wannan binciken na 2014 raina yana ɓaci, domin matar ta yi abin da ya kamata, tsarin ne ya ci amanarta. Don haka in ka ga abokin malamin, ko wanda suke rubuta takardun bincike tare, ko wanda ke ƙarƙashinsa yana jiran ya sa masa hannu a ƙarin girma, ka rubuta ƙin amincewarka nan take kafin a fara zama. In ka yi shiru har hukunci ya fito bai yi maka daɗi ba sannan ka ɗago maganar, kotu na iya cewa ka sani ka yarda.

Yanzu ga wata magana da na san ba za ta yi wa wanda aka zalunta daɗin ji ba, amma ina roƙonka ka tsaya ka fahimce ta. Shi ma malamin yana da haƙƙin a saurare shi, a ba shi kwafin zargin, a ba shi lokaci ya shirya, ya kawo shaidunsa, kuma kai ne ya kamata ka fi kowa son a ba shi wannan haƙƙin cikakke. Dalili kuwa shi ne ƙofar kotu a buɗe take gare shi kamar yadda take a buɗe gare ka, kuma yawanci ya fi ka kuɗin lauya ga ƙungiyar malamai a bayansa. A Indiya, ɗalibai mata sun kai ƙorafin shugaban sashen kimiyyar siyasa na Jami'ar Goa a 2009, kwamiti ya yi ta zama a gurguje a cikin 'yan makonni, malamin ya ce ba shi da lafiya ya nemi ƙarin lokaci, suka ƙarasa ba tare da shi ba, aka kore shi. A watan Mayu 2023 Kotun Ƙolin Indiya ta soke korar saboda gaggawar ta tauye masa damar kare kansa, ta ce a koma a sake bincike. Shekara 14 kenan bayan ƙorafin. Ka yi tunanin waɗannan ɗaliban, sun gama makaranta, sun kama rayuwarsu, sai a ce musu tsugune ba ta ƙare ba. Haka a shari'ar Olaniyan da Jami'ar Legas ta 1985, Kotun Ƙolin Najeriya ta ce sallamar wasu farfesoshi ba ta halatta ba saboda hukumar jami'ar ba ta bi matakan da dokar kafa jami'ar ta shimfiɗa ba. Toh in ka ga kwamiti yana tsallake matakai ko da a ganinka don taimakonka ne, kar ka yi murna, ka rubuta musu cikin ladabi cewa kana so a bi ƙa'ida daki-daki.

Ranar zama ka tambaya ko za ka iya zuwa da wani, wakilin ƙungiyar ɗalibai ko ɗan'uwa ko lauya in ƙa'ida ta yarda, in an hana ka nemi a rubuta an hana. Ɗaliba tana iya neman kar a zaunar da ita ido da ido da wanda take ƙara, a bi da tambayoyinsa ta hannun shugaban kwamiti. Kana fitowa ka rubuta abin da aka tambaye ka da amsar da ka bayar, ka tura wa sakataren kwamitin ka ce ga yadda na fahimci zaman yau, in akwai kuskure a gyara min. Kar ka sa hannu a takardar da ba ka karanta ba, musamman wadda ke cewa ka janye ko an sasanta ko ba za ka ƙara magana ba, ka ce a ba ka kwafi ka je ka yi shawara. Za a iya turo maka manya su ce ka rufa masa asiri yana da iyali, wannan shawara taka ce kai kaɗai, amma ka rubuta wa ya zo da abin da ya ce. Ramuwar gayya ma ka sa mata ido, sakamako ya maƙale, an cire sunanka daga jerin masu kare furojet, kwatsam an ɓullo da wata tuhuma a kanka, kowanne ka kai shi a matsayin sabon ƙorafi da kwanan watansa. A Amurka Kotun Ƙoli ta ce a shari'ar Jackson ta 2005 hukunta mutum don ya kai ƙorafin nuna bambancin jinsi shi ma karya wancan babi na 9 ne.

Abin da ya fi yawa dai ba mugun hukunci ba ne, shiru ne. Wata uku, wata shida, ana ce maka fayil yana kan tebur. Duk lokacin da wa'adin da ke cikin ƙa'ida ya wuce ka aika tunatarwa gajera, ka ambaci sashen da kwanan watan takardarka ta farko, ka sa shugaban wanda ka aika wa a kwafi. Jan ƙafa da ya wuce hankali shi kansa abu ne da kotu ke iya tsawatarwa a kai, amma sai ka nuna ka yi ta bi. A Indiya doka ta ba kwamitin cikin gida kwana 90 ya gama binciken cin zarafi. In kana son ganin takardun da suka shafe ka akwai dokokin neman bayani, ta Najeriya ta 2011 ta ba hukumar gwamnati kwana 7 ta amsa, ta Indiya ta 2005 kwana 30, a Birtaniya da Tarayyar Turai kuma kana da damar neman bayanan da aka ajiye a kanka a ba ka cikin wata guda.

In hukunci ya fito ka nemi a ba ka shi a rubuce tare da dalilai, sannan ka bi duk matakan ɗaukaka ƙara na cikin gida har ƙarshe. Kar ka riga malam masallaci, alƙalai da yawa za su mayar da kai in ka tsallake hanyar da ke gabanka ka rugo kotu. A Ingila da Wales dokar manyan makarantu ta 2004 ta samar da ofishi mai zaman kansa na duba ƙorafin ɗalibai da ake kira OIA, kyauta ne ga ɗalibi, jami'a za ta ba ka wasiƙar da ke nuna an kammala matakan cikin gida, daga ranar kana da wata 12 ka kai musu, kuma a 2007 kotun ɗaukaka ƙara ta tabbatar a shari'ar Siborurema cewa shi ma wannan ofishin kotu na iya bitar hukuncinsa, duk da ba ta saurin tsoma baki. A Amurka ofishin kare haƙƙin jama'a na ma'aikatar ilimi yana karɓar ƙorafi cikin kwana 180. Wasu ƙasashen suna da hukumar karɓar koke-koken jama'a ko ta kare haƙƙin ɗan'adam, ka duba wacce ke da hurumi a kan jami'arku.

Amma fa kana bin waɗannan matakan idonka na kan kalanda, don nan ne mutane masu gaskiya ke faɗuwa. Wa'adin neman kotu ta yi bitar hukuncin wata hukuma gajere ne ƙwarai. A Ingila cikin gaggawa ne kuma kar ya wuce wata 3. A Najeriya ma wata 3 ne a Babbar Kotun Tarayya, ga kuma dokar kare jami'an gwamnati da ita ma ta yanka wata 3, kuma lauyoyin jami'o'i suna son ta sosai domin da ita ake kashe ƙara ba tare da an taɓa gundarin maganar ba. Shi ya sa nake ba da shawarar ka ga lauya tun ranar da hukuncin farko ya fito, ko da ba ka yi niyyar shiga kotu ba tukuna, tambaya ɗaya za ka yi masa: daga yaushe wa'adina ya fara ƙirgawa, kuma ɗaukaka ƙarar cikin gida tana tsayar da shi ko a'a? In babu kuɗi akwai ƙungiyoyin lauyoyi masu taimako kyauta da na kare haƙƙin mata, wasu tsangayoyin koyon aikin lauya ma suna da ofishin taimako.

Lauyan zai duba ko jami'ar ta gwamnati ce ko mai zaman kanta, saboda hanyar ta bambanta. Ta gwamnati galibi ana bi ta hanyar bitar kotu ko haƙƙin da tsarin mulki ya bayar na sauraro cikin adalci. Mai zaman kanta kuma an fi kama ta da yarjejeniya, ka biya kuɗin makaranta, ita kuma ta yi alkawarin bin kundinta, ta saɓa. Abin da za ka iya roƙa: kotu ta soke hukuncin kwamitin, ta tilasta wa jami'a ta yi binciken da ta ƙi yi ko ta saki sakamakon da ta riƙe, ta dakatar da wani mataki da ake shirin ɗauka a kanka har a gama shari'a, ko ta ba da diyya in dokar wurin ta yarda. Ka shirya zuciyarka tun yanzu cewa nasara a irin wannan ƙarar sau da yawa tana nufin a koma a sake da sabon kwamiti, ba wai alƙali zai kori malamin da kansa ba, kuma a wasu ƙasashen wanda ya faɗi ƙara yana biyan wani ɓangare na kuɗin da ɗaya ɓangaren ya kashe, ka tambayi lauya wannan kafin ka sa hannu.

In abin da aka yi maka laifi ne na hukuntawa, fyaɗe, duka, cin hanci, barazana, wannan hanyarsa daban ce kuma ba sai ka jira jami'a ba, ka je wurin 'yan sanda ko hukumar da abin ya shafa, in akwai rauni ko fyaɗe asibiti ne farko cikin gaggawa don lafiyarka da kuma rahoton likita. Kwamitin jami'a iyakarsa ladabtarwa ta wurin aiki, ba ya ɗaure kowa. Sai batun Facebook da sauran kafafe, na san zafin da ke sa mutum ya fito ya kama suna bayan an yi ta yawo da hankalinsa, amma ana iya maka ka ƙarar ɓata suna, ko jami'a ta fake da cewa ka karya sirrin bincike ta juyo kanka, don haka in har za ka yi, lauya ya fara ganin abin da ka rubuta.

Ranar da za ka je wurin lauyan ka tafi da fayil guda: shafi ɗaya na jerin abin da ya faru bisa kwanan wata, kwafin ƙa'idojin da ka ja wa layi, takardar ƙorafinka mai hatimi, duk wasiƙu da imel da suka shiga tsakaninku a jere, sunayen shaidu da yadda za a same su, da hukuncin ƙarshe in ya fito. Na asalin su zauna a wurinka, kwafi za ka bar masa.